Tsohon Lauyan da Ban Raka Gida Ba

Shekarun baya can, lokacin da kuɗin mai ke tashe, gwamnatin jiharmu ta turo ni London karatun lauya. Na gama, na shiga neman inda zan koyi aiki, duk ƙofar da na buga sai a ce a yi haƙuri. Wanda ya karɓe ni wani tsohon lauya ne ɗan Scotland, a wani matsattsen ofis kusa da unguwar Aldwych.

Mutumin nan yana da sarautar gado, irin wadda ake sa wa mutum "Sir" a gaban suna. Yana da ƙasa a garinsu, duwatsu da tumaki da ƙaton gida mai yoyo. Matarsa ta rasu, ɗansa tilo ya tafi yaƙi bai dawo ba. Ba ya hira, amma da hannunsa yake gyara min takardu, kuma kowace Juma'a shi ke duba agogo ya ce, "Ba za ka masallaci ba ne?"

Wata Talata ya dawo daga asibiti, ya zauna yana haki.

"Likita ya ce kada in wahalar da kaina wajen sayen sabon takalmi, ba zan daɗe ina sa shi ba," in ji shi. "Asabar zan tafi gida. Jirgin ƙasan da nisa. In kana da sarari ka raka ni."

Wallahi raina ya so. Amma ni ɗan gidan tarbiyya, wanda aka koya wa in babba ya yi maka tayi sai ka noƙe tukuna har ya nanata, sai na sunkuyar da kai na ce, "A'a ranka ya daɗe, kada in ɗora maka nauyi."

Ya dube ni, ya ce, "To, shi ke nan." Ya koma kan takardunsa.

Na zauna jiran tayi na biyu. Laraba shiru, Alhamis shiru. Ni gwanin kara har jaka na haɗa na ɓoye bayan ƙofar ofis! Ashe su Turawa a wurinsu a'a ɗaya ta wadatar, kuma tambaya ɗayar nan ma da ƙyar ta fito masa. Ranar Juma'a ya miƙo min hannu, ya ɗauki lemarsa ya fita.

Bayan mako biyu mai kula da tumakinsa ya bugo waya. A kan kujera ya tarar da shi, ya kwana biyu da cikawa ba wanda ya sani.

Yau 'ya'yana na min dariya wai Baba ko shayi aka yi masa tayi ba ya bari a rufe baki yake karɓa. Ban taɓa gaya musu dalili ba. Abin bai bar ni ba, kuma na daina sa ran zai bar ni. Ranar da muke kwashe kayan ofis ne sakatariyar tsohon ta ce min tun kafin ya yi min magana ya sa ta sayo tikitin jirgin ƙasa guda biyu.