Ranin da Na Shuka Kiri-kiri

A Balan, garinmu na ƙasar Gaya, babu ciyawar da manomi ya tsana kamar kiri-kiri. Ka nome ta yau, jibi ta leƙo. Babana ya ƙarar da ƙarfinsa yana yaƙi da ita a gonar gyaɗarmu. To, shekarar da aka ce za a kawo gasar ƙwallon ƙasashen duniya Kano, na tafi ci-rani, aikin da na samu kuwa a filin wasan da ake ginawa shi ne dasa kiri-kiri. Wallahi ita!

Magina na can sama suna fama da rumfar ’yan kallo da dogayen fitilu, mu muna ƙasa a durƙushe. Mu baje ƙasa, mu zuba taki, mu dasa, mu yi ban-ruwa safe da yamma. Da shugaban aikin ya ga na san hannun taki, sai ya bar mini gefen raga ɗaya.

Da na je gida na faɗa, Baba bai ɗaga kai daga igiyar da yake tufka ba.

"Ruwa da taki, a kan ciyawa?" ya ce. "Allah ya kyauta."

Shi ke nan. A kasuwar Ajingi kuwa abokai suka sa mini Sarkin Noman Ciyawa. Nasu bai dame ni ba, na Baba ne ya tsaya mini a rai. Ni ne ɗan fari, ko sunana ba ya kamawa saboda kunya, balle yabo. Amma ina so ya san ban zubar da noman da ya koya mini ba.

Aka yi gasa, baƙi suka watse, filin ya zama na ƙungiyoyin gida da taruka. Ni aka riƙe ni ina kula da ciyawar. Wata rana na kawo Baba birni a duba masa ido, da muka fito na ce mu biya ta filin ya huta. Ya bi ni yana gunaguni.

Da ya ga koren nan shimfiɗe, sai ya tuɓe takalmi. Ya taka a hankali har gefen ragata, ya tsuguna. Kafin in ankara, hannu ya riga shi: ya damƙi kiri-kiri ya tumɓuke!

"Kai, Baba! Haba!" in ji mai gadin filin, ya taho a guje. Ni kuwa kamar in nutse.

Baba ko a jikinsa. Ya karkaɗe saiwar, ya murza ƙasar a tafinsa, ya shinshina. Ya daɗe. Sannan ya mayar da ciyawar raminta, ya danne da diddige kamar yadda muke rufe iri.

Bai dube ni ba. Sai ya dubi mai gadin.

"Malam, wa ya haɗa ƙasar nan?"

Mai gadi ya nuna ni da baki.

"To," in ji Baba, yana laluben takalminsa, "wanda ya yi wannan, manomi ne."

An sake ciyawar filin ba sau ɗaya ba tun lokacin, ni ma na dawo gonarmu. Amma a motar Gaya ran nan, na juya fuska waje ina share hawaye, shi kuma yana ta yi wa direba faɗan gudu.