Jan Zakaran da Na Ɗora wa Takardun Baba

Babana a rajista ya yi duk rayuwar aikinsa, wato ɗakin da ake ajiye fayil a ma'aikata, kuma har gobe in ka zauna da shi minti goma sai ya gaya maka fayil bai taɓa ɓata a hannunsa ba. Ni ce 'yarsa ta fari. Uwata yake kirana, don sunan mahaifiyarsa aka sa mini. Sai dai na taso da wata jaraba da ba a san ta a zuriyarmu ba, wato buga gem, wasan kwamfuta. Da na fara aiki na haɗa kwamfuta ta musamman don wannan sana'ar, baƙar akwati mai gilashi a gefe da fanka uku masu canza launi, na girke ta a ƙaramin falonmu na Unguwar Dosa. Ranar da na kunna ta Baba ya tsaya da hannuwa a baya, ya daɗe yana kallo, sannan ya ce, "Uwata, wannan kwamfuta ce ko shagon aski?"

Bai san zai zo aro ba. Shi ne sakataren ƙungiyar tsofaffin ma'aikata na unguwarmu, dattawa ne da suke taruwa Asabar ɗin farkon wata a harabar gidan shugabansu, wanda kowa ke ce wa Ciyaman. Aikin Baba shi ne ya rubuta rahoton abin da aka tattauna, a taro na gaba ya karanta, Ciyaman ya sa hannu, ya dawo da takardar gida ya huda ta ya ɗaure a fayil. In ka ga yadda yake shirin taron nan sai ka rantse majalisar ƙasa zai je. Da tsohuwar kwamfutarsa ta mutu sai ya zo yana gyaran murya, wai zai ɗan taɓa tawa na kwana biyu kafin a gyara tasa. Ba a taɓa kai tasa gyara ba. Ina fita ofis da safe zai ja kujera ya zauna gaban shagon askin.

A wannan lokacin idonsa ya fara yin yana, ganinsa yana raguwa. Ni da Mama mun gane, don ya taɓa yi wa buhun masara da aka jingine a bakin ƙofa sannu da zuwa. Amma wa ya isa ya faɗa? A ƙungiyar tasu akwai wani dattijo da kunnensa ya yi nauyi, aka yi masa godiya mai tsawo, aka ce ya huta. Baba ya dawo ranar ko tuwo bai ci ba. Kujerar sakataren nan ita kaɗai ta rage masa da ake kiransa a waya a ce ana jiransa, kuma babu abin da yake tsoro a duniya kamar a yi masa godiya a ce ya huta.

Rahoton kansa bai dame shi ba, don da manyan baƙaƙe yake bugawa, wai haka tsarin ofis yake a zamaninsu, kuma kafin ranar taro ya haddace shi tas. Matsalar ita ce gano takardar a fuskar kwamfuta. Foldodinsa duk kala ɗaya ne, sunayen da ke ƙarƙashinsu kuma ƙanana. Wata Lahadi na leƙo na gan shi ya kai hancinsa har jikin gilashi. Na lallaɓa bayan ya tashi na ƙara girman rubutun. Washegari na dawo daga aiki na same shi a tsaye yana jirana.

"Wa ya taɓa rubutun nan?"

"Ni ce, Baba. Na ga kamar..."

"Kin ga kamar me? Wa ya ce miki ba na gani? Mayar da shi."

Na mayar, ina cika ina batsewa, don ni ma gadon zuciyar na yi. Kwana biyu gaisuwa kawai ke haɗa mu.

Dabarar ta zo mini ne ina tsakiyar wasa. Kowane gem yana da ɗan hotonsa da ake dannawa a buɗe shi, aikon muke ce masa, kuma masu yin gem ba sa wasa da launi, ja ja ne, shuɗi shuɗi ne, daga bakin ƙofa kana gane su. Na shiga foldar da aka girka gem ɗina ɗaya bayan ɗaya ina tono. Wasu sun ajiye hoton a fili, ɗan fayil ne da sunansa ya ƙare da ico. Wasu sun cusa shi can cikin folda ta huɗu ko ta biyar, sai na sa kwamfuta ta nemo mini duk fayil mai wannan ƙarshen. Wasu kuma a cikin fayil ɗin da ke kunna gem ɗin suka ɓoye shi. Yini guda na yi, Mama tana ta kiran in zo in yanka alayyahu. A wani gem na noma na samu jan zakara. A na yaƙi na samu shuɗiyar garkuwa, ga ƙwallo fari da baƙi, ga wata mota ruwan ɗorawa. Na ɗora zakara a kan foldar rahoton taro, garkuwa a kan wasiƙu, ƙwallo a kan jerin sunayen mambobi, mota a kan hotunan jikoki. Na ƙara wa hotunan girma, rubutu kuwa ban taɓa shi ba.

Don kada ya ce shi na yi wa, na yi wa nawa foldodin ma ado, sannan na zauna ina jiran hukunci.

"Uwata, zo nan. Kaji ne suka shiga kwamfutar?"

"Kwalliya na yi wa abata, Baba. Na gaji da ganin abu kala ɗaya."

"Shekararki nawa yanzu?"

Na faɗa masa. Ya girgiza kai ya ce a shekarun nan shi har an ba shi makullin ɗakin fayil ɗin sirri, ni kuma ina nan ina kiwon zakara a gilashi. Ya yi ta faɗa har aka kira la'asar. Da ya dawo daga masallaci sai ya tambaya, kamar wanda abin bai dame shi ba, me ke ƙarƙashin zakaran. Na ce rahoton taro. Garkuwar fa? Na ce wasiƙu. Sai ya ce ai wannan ba sabon abu ba ne, su ma a rajista da launi suke raba fayil, ja daban kore daban, 'yan kwamfuta satar tsarinsu suka yi ba su ko yi godiya ba.

Daga ranar aiki ya miƙe. Sai in ji shi daga ɗakina yana magana shi kaɗai, "Ina zakaran nan? Yawwa." In ƙannena sun kawo yara sai ya tara su ya ce bari ya shiga mota ya nuna musu kansu. Ciyaman ya zo gaishe shi wata rana, ya ja shi falo ya nuna masa, yana bayani kamar shi ya ƙirƙiro. Ni kuwa ina kicin ina ƙunshe dariya, kuma gaskiya na ji daɗi har cikin raina, na ɗauki kaina wata gwanar dabara.

Akwai abin da na sani ban yi ba. Idan ka ɗora hoto a kan folda, kwamfuta ba ta riƙe hoton, hanyar inda yake kawai take riƙewa. Abin da ya dace shi ne in kwafo hotunan in ajiye su a wuri nasu na daban. Ni kuwa na bar kowanne a cikin gem ɗinsa na nuna wa kwamfuta hanya, na ce zan gyara daga baya. Wata bakwai ban gyara ba.

Wata Juma'a da yamma na samu sabon gem mai cin wuri, na goge tsofaffi huɗu da na gaji da su, har da na noman da na yaƙin. Hotunan ba sa ɓacewa nan take sai an kashe an kunna, don haka ban ga komai ba. Washegari Asabar ce ta farkon wata. Na fita tun safe zuwa Katabu sunan ɗiyar ƙawata, a dawowa cunkoson Kawo ya riƙe mu, ban shigo gida ba sai gab da magariba. Na samu Baba ya dawo daga taro yana zaune a falo da hularsa a gwiwa.

"Dabbobinki sun gudu," in ji shi. "Na kunna na ga komai ya koma fari."

Na ce to yaya ya yi?

"Yaya zan yi? Ni da na san mazaunin kowane fayil? Layi na biyu, na uku daga sama. Na ƙirga na danna na buga. Rubutun ma ya ƙanƙance, na ce abin da ya cinye zakara shi ya cinye baƙaƙen."

Ya zaro takarda a ninke daga aljihun gaba ya miƙo mini in huda masa. Ina buɗewa na gane. Da na goge gem ɗin, hotunansu na fuskar kwamfuta sun tafi, sauran suka matsa sama, na uku ya zama foldata. Takardar da nake rubuta wa kaina dabarun wani gem ce ya buga. Ita ya riƙe a gaban dattawa ya zuba musu rahoto daga ka. A ƙasanta ga sa hannun Ciyaman, da kwanan wata, tsaf.

Mama tana bakin ƙofar kicin, ta ga fuskata, ta yi mini alama da ido in yi shiru. Na juya zan ɗauko abin huda takarda, ina lissafin yadda zan buga ta gaskiyar in lallaɓa gidan Ciyaman da safe.

"Tsaya," in ji Baba. "Karanta mini layin farko."

"Baba, ai ka riga ka karanta a taro."

"Ciyaman yana surutu yake sa hannu, tun muna samari haka yake. Yau ya daɗe yana kallon takardar nan bai ce uffan ba. Da ya gama bai miƙa wa na kusa da shi ba, da kansa ya ninke ya sa mini a aljihu. Karanta."

Na karanta. "Kada ki shiga kogo sai kin tara kibau. Idan dodon ya buɗe baki ki koma hagu."

Can Baba ya ce, "To. Shawarar dai ba laifi." Ya yi 'yar dariya, ita ma ba ta yi nisa ba ta tsaya. Ni kuwa sai hawaye. Na durƙusa na faɗa masa komai, yadda na bar hotunan a cikin gem, yadda na goge ban duba ba. Ya saurara kamar yana karɓar bayanin ƙaramin ma'aikaci.

"Wato kin ɗauko abu daga fayil ɗin wani, ba ki yi kwafi ba, kika dawo kika ƙona fayil ɗin."

"Haka ne, Baba."

"Da a ofishina ne da kin sha takardar gargaɗi." Ya juya hular a gwiwarsa. "Tashi, Uwata. Tun ranar da kika kawo zakaran nan na san ba kwalliya kike yi ba. Na ga kin rufa mini asiri, na ce bari in bar ki ki ji daɗi."

Wannan maganar ta fi faɗan ciwo. Na ce yanzun nan zan dawo da hotunan, in yi kwafi uku ma in ya so. Ya ce in dawo da su, amma in fara nemo masa lambar Ciyaman a wayarsa. Na nemo na danna na sa masa a hannu. Na so in fita, amma na tsaya. Suka gaisa kamar ba ɗazu suka rabu ba, ya tambayi iyali, ya tambayi gajiyar taro. Sannan ya gyara zama ya ce, "Alhaji, ba na gani. Ya kai shekara. Na gode da abin da ka yi mini yau, amma kada ka sake sa hannu a kan abin da ba rahoto ba saboda ni."

Ban ji abin da Ciyaman ya ce ba. Na dai ga Baba yana gyaɗa kai yana cewa to, to, Allah ya kai mu Litinin ɗin. Ranar Litinin Ciyaman ya zo da motarsa, ni na zauna a baya, muka kai Baba asibitin ido.

Bai koma kujerar ba. An yi masa godiyar da yake gudu, mai tsawo, kuma shi ya nemi a yi. A taron da ya biyo bayan aikin idon na kai shi har ƙofar harabar, da bandeji a ido ɗaya, ya shiga ya zauna a layin baya cikin mambobi. Na tsaya jikin katanga ban tafi ba. Sabon sakatare ya miƙe ya fara karanta rahoto, kafin ya kai ƙarshen shafi Baba ya gyara masa sau huɗu.