Ranar da na ara wa Barashiya baki

Shekarun da man fetur ya yi daraja, gwamnati ta turo maigidana Landan ya koyo aikin talabijin, na biyo shi unguwar Tottenham. Ya koyo aikin, ya haɗa da kwalba. Ni kuwa aikina rufin asiri: duk Juma'a kafin abokansa su biyo shi gida daga masallacin Regent's Park, sai in tusa kwalaben bayan buhun shinkafa, in turara ɗaki.

Wata Asabar da rana makarantarsu ta sa su kallon wani tsohon fim na Rasha, tun na zamanin da fim ba ya magana. Ya ce, "Taso mu je, wannan ko ke za ki gane."

Ai kuwa na gane. Wani baduku ne ya faɗa wa giya har ya sayar da bargon 'yarsa. Matarsa ta tare ƙofa, baki na motsi, ba a jin komai. Raina ya ɓaci, don ni ma haka nake a gidana. A garinmu in an kawo majigi ba a kallo baki rufe, sai kawai na ara mata nawa.

"Kai dai ka ji kunya! An gan ka a waje kamar mutumin kirki, mace na share maka amai!"

Turawa suka juyo suna "shhh". Maigidan ya daki ƙafata, "Don Allah ki yi shiru, za a yi complain."

"Malam, da Barashe nake. Mai kaza a aljihu ne ba ya jimirin as."

Ban saurara ba har aka kunna fitila. A jirgin ƙasa kan hanyar gida ya juya mini ƙeya, ni kuwa ko a jikina.

Juma'a ta zagayo, na dafa shinkafa, ban kunna turare ba. Kwalba na kan tebur inda ya bar ta. Muka ji sallamar baƙi a matakala. Ya dube ta, ya dube ni.

"Ba za ki ɗauke ba?"

Na gyara zama na ce, "Wanda ya ajiye shi ke ɗaukewa." Sannan na ɗaga murya na amsa sallama.