Lallen Da Ya Tare Wa Inna Hanya

Abubuwa da yawa sun wuce a rayuwata waɗanda sai an tuna mini nake tunawa, amma ranar da na'ura ta ƙi karɓar yatsun mahaifiyata a Abuja, ko tsufa ya ruɗa ni ba na jin za ta fita daga kaina. Har yau in na shiga gida na ji ƙamshin ɗanyen lalle, sai gabana ya faɗi kafin in tuna dalili.

Ni ne ɗan fari a ɗakinmu, ina koyarwa a wata firamare a Gummi. Mahaifiyarmu, wadda muke kira Inna, tana zaune a ƙauyenmu da ke bayan Nasarawar Burkullu tun rasuwar mahaifinmu. Autarmu kuwa mace ce, ta auri wani ɗan Anka da ya samu damar ƙaro karatu a wata ƙasa ta Turai, ya tafi da ita. Cikinta na farko a can ya zube. Da ta samu na biyu sai likitoci suka ce jininta yana hawa, dole a sa mata ido, kuma ba su yarda ta hau jirgi ba. Mu kuwa a wurinmu haihuwar fari a gaban uwa ake yin ta. Tunda Auta ba za ta iya zuwa goyon ciki gida ba, sai aka yanke shawarar Inna ta je ta same ta.

A ƙauyenmu waya ba ta kamawa sai an hau wata jigawa da ke bayan gari. Can na kai Inna wata Juma'a suka yi magana. Ina tsaye kusa, ina jin muryar Auta.

"Inna, tsoro nika ji. Ni dai ki taho ki ɗora min hannunki bisa goshi, in ji ƙamshin lallen nan naki, ko hankalina shi kwanta."

Inna ta ce, "Ina tahe, ɗiyata. In Allah ya so hannun ga nawa za ya tarbi abin da kinka haihwa."

Dole in faɗa muku cewa Inna mace ce mai lalle. Bishiyarsa tana bayan ɗakinta, ita ke tsinka, ita ke dakawa. Tun muna yara ban taɓa ganin tafinta fari ba sai lokacin da ta yi wa mahaifinmu takaba.

Na ɗauka neman bizar ziyara aikin mako guda ne, ashe ban san komai ba. Sai da muka fara yin fasfo a Gusau, wanda shi ma ya ci mana lokaci. Mijin Auta ya turo takardar gayyata da shaidar inda Inna za ta zauna da inshorar lafiya. Na yi ta zarya gidan kwamfuta ana cike bayanai, har da sunan kakan da Inna kanta ba ta tarar da shi ba. Da aka gama, sai aka ce saura a nemi ranar zuwa ofis a ɗauki hotonta da zanen yatsunta, kuma ranar ba kai ke zaɓa ba, wadda ta rage ake ba ka. Lokacin ya faɗo daidai hutun bazara na Turawa, kowa yana neman tafiya, ranakun sun cika. Da ƙyar muka samu. Muka lissafa, in komai ya tafi daidai biza za ta fito Inna ta isa kafin watan haihuwa ya kama. Sarari kaɗan ne, amma akwai shi.

Na yi wa mutanen gida bayani har bakina ya gaji cewa wannan zuwa Abuja ba shi ne tafiyar ba, za mu je ne mu dawo. Amma mutanenmu tafiyar jirgi guda suka sani, ita ce ta aikin hajji: in maniyyaci ya bar gida zuwa sansani, to sai dai a tarbe shi da zamzam. Saboda haka da na iso ƙauye jajibirin tafiya, sai na tarar da gida cike da mata, an yi bankwana, an haɗa kuka da daddawa da yajin jego da man shanu da matan rugar maƙwabta suka kawo. Inna kuma tana zaune a kan tabarma, an zare mata zunguru daga hannu, wato doguwar ƙwaryar nan da ake zura hannu a ciki in an yi ƙunshi. Gwaggo, yayar mahaifinmu, ita ta ƙunsa mata, ta kuma maimaita har ya kama ya yi jawur, kan yatsun ya koma kusan baƙi.

Na yi dariya na ce, "Gwaggo, amarya za ku kai ko kaka?"

Ta harare ni ta ce, "Kai dai malamin makaranta na, ba ka san duniya ba. Wa ka zuwa ga mai ciki da hwarin hannu awa mai takaba?"

Kowa ya yi dariya, har da ni. Lallen ya yi kyau, wallahi, kuma babu ko mutum ɗaya a cikinmu da ya kawo wani abu a ransa.

Wanda ya san hanyar Anka a shekarun nan ya san ba a shigarta da wasa saboda 'yan bindiga. Direbobi ba sa tashi sai rana ta ɗaga, kuma sai sun ga motoci suna fitowa daga can. A wani wuri mai duhuwar itatuwa direbanmu ya rage gudu ya kashe rediyo, don an daɗe babu motar da ta gifta mu. Motar ta yi tsit, sai motsin leɓe. Inna ta damƙe gwiwata da jan hannunta. Sai da wata motar itace ta ɓullo ta haska mana fitila alamar lafiya, sannan na ji mutane sun saki numfashi. A raina na ce wannan shi ne babban tsoron tafiyar, mun wuce shi.

A Abuja muka sauka gidan wani ɗan'uwa. Ranar da aka ba mu, muka isa ofishin da wuri. Aka duba takardu, babu abin da ya rage. Saboda shekarunta da rashin jin Turanci aka bar ni na raka ta har ciki. Wata ma'aikaciya mai jin Hausa ta ɗauki hotonta, sannan ta nuna mata wani ɗan gilashi mai haske ta ce ta ɗora yatsu. Inna ta yi bisimilla ta ɗora. Na'ura ta yi ƙara, fitila ta nuna ja. Aka goge gilashin, aka goge yatsun, aka sake. Ja. Aka gwada ɗaya hannun, shi ma haka. Ma'aikaciyar ta juya tafin Inna ta duba, na ga fuskarta ta canja.

"Mama, yaushe aka yi miki wannan ƙunshin?"

Inna ta yi murmushi don ta ɗauka yabo ne. "Bai daɗe ba, ɗiyata. Ya yi miki kyau?"

Ma'aikaciyar ta kalle ni ta ce lallen ya rufe zanen yatsun, na'ura ba ta ganin komai, kuma in babu zanen ba za a karɓi takardun ba. Ta kira na gaba da ita, shi ma ya gwada, ya girgiza kai. Na roƙa, na yi bayanin Auta, na nuna takardar likita. Ba su wulaƙanta mu ba, amma suka ce ba a hannunsu abin yake ba. Sai lallen ya goge, sannan a nemi wata ranar daga farko.

Na san yadda ƙunshin Gwaggo yake daɗewa, na kuma san yadda muka sha wuya kafin mu samu wannan ranar. Inna tana ta kallon bakina tana jiran fassara. Ban taɓa jin nauyin magana irin na wannan lokacin ba.

Da na faɗa mata, ba ta yi kuka ba. Ta dubi hannuwanta ta ce, "Lalle? Lalle na za ya hana ni ganin ɗiyata?"

Washegari da hantsi na fito na same ta a bayan gida da lemun tsami da toka da dutsen goge kaushi. Ta dirje kan yatsunta har fata ta saɓule, jini yana tsattsafowa, lallen kuwa yana nan daram. Na ƙwace dutsen. A nan ne kawai na taɓa ɗaga wa mahaifiyata murya, don ma'aikaciyar ta gargaɗe ni cewa yatsa mai ciwo shi ma na'ura ba ta karɓa. Yanzu jira ya zama biyu, na lalle da na miki.

Mijin Auta ya yi ta duba intanet safe da yamma ko wani zai fasa tasa ranar. Wadda ya samu ta faɗa cikin watan haihuwar kansa, ga kuma makonnin jiran biza a bayanta. Muka sake bin hanyar Anka muka koma gida da kukarmu da daddawarmu. Gwaggo da ta ji abin da ya faru, ta daina shigowa gidan. Ita kuwa Auta, duk ranar da muka hau jigawa sai ta tambaya, Inna ta ce mata an kusa. Saboda hawan jininta, ba a faɗa mata maganar lallen ba.

Ba a kai ga watan haihuwar ba. Wata Asabar da azahar ina ƙauye, na hau jigawa don duba saƙo, sai ga kiran mijinta. Muryarsa kaɗai ta ishe ni. Ya ce Auta ta yanke jiki ta faɗi tana jijjiga, an shiga da ita ɗakin tiyata, likitoci sun ce za su yi ƙoƙarin ceto ta da abin da ke cikinta, amma ba su yi masa alƙawarin komai ba. Kafin in tambaye shi wani abu, waya ta katse.

Ban san yadda Inna ta gane ba, na dai waiwaya na gan ta tana hawowa babu mayafi. Muka zauna a kan jigawar nan. Na ɗaga waya sama, na zagaya gabas, na zagaya yamma, sabis ya zo ya ɗauke. In na samu na kira, ba a ɗagawa. Aka kira la'asar, muka yi taimama muka yi salla a nan, don babu mai iya sauka neman ruwa. Na ji tsoro a hanyar Anka, amma wancan tsoron yana da wurin gudu. Wannan kuwa zama ne kawai kana kallon waya, kana tsoron ta yi ƙara, kana tsoron ta ƙi yi.

Inna tana zaune tana murza yatsunta a cikin yashi. Ba ta kiran sunana saboda kunyar ɗan fari, sai ta ce, "Kai, ji nan. In yarinyar ga ta tahi ba ta gan ni ba, ba wani ya raba mu ba. Hannun ga nawa na. Don ita niy yi shi, shi kuma ya tare min hanya."

Can sai ga Gwaggo tana hawowa da sandarta, tana haki. Ta zauna ta kama hannun Inna ta riƙe a cinyarta, hawaye yana zuba mata.

Rana ta yi ja kafin waya ta yi ƙara. Mijin Auta yana kuka yana magana, sai da na ce ya maimaita. Ta farfaɗo. An ciro ɗiya mace, ƙarama ƙwarai, an sa ta a kwalba, amma tana numfashi. Inna ta kifa goshinta a kan yashi, ta daɗe ba ta ɗago ba.

Da ranarmu ta biyu ta zo, muka sake bin hanyar nan. Yatsun Inna sun warke, sun yi fari fat. Tana ɗorawa fitila ta nuna kore, abin bai kai tsawon shan ruwa ba. Muka dawo muka jira biza ta fito a nata lokacin. Inna ba ta ga haihuwa ba, ba ta ga suna ba, ta isa ana shirin arba'in.

Mijin Auta ya kira ni ta bidiyo lokacin da suka shiga gida. Na ga Auta, ta rame, ta rungume Inna, sannan ta kamo hannunta za ta ɗora a goshi. Sai ta tsaya tana juya tafin.

"Inna, ina lallenki? Wa ya rasu?"

Inna ta ce, "Ba kowa, ɗiyata. Allah ya tsare." Ta ɗora mata farin hannun a goshi haka nan.

Yarinyar da aka sa a kwalba yanzu tana gudu tana surutu. Bishiyar lalle tana nan bayan ɗaki, matan maƙwabta ke tsinka, amma Inna ba ta sake ƙunshi ba, ko da salla, ko da biki. Ni kuma abin da na koya shi ne, biza ba ta san uzurinka ba, ba ta san wa ke kwance yana jiranka ba. Duk mai niyyar tafiya ya fara nema tun da sauran watanni a gaba, ya bar sararin da in abu ya ɓaci za a iya sakewa, ya kuma tambayi waɗanda suka taɓa zuwa har abin da yake ganin bai kai a tambaya ba. Mu mun haɗa kowace takarda da aka nema, abin da bai zo mana a rai ba shi ne mu dubi hannun Inna.