Takardar Gonar Inna Ta Dawo

"Ke ɗiyata, littafin nan naki na karyewar bankunan Turawa, mi ya ce game da shinkafa?"

Baffana ne ke tambayata jiya a zaurensa a Mafara, buhunan shinkafa jibge a bayansa har rufi.

Bara ya so ya sayar da gonar Inna ta Bakura, wadda takardarta ke hannunsa tun rasuwar mahaifinmu, ya sayi shinkafa ya ajiye. Lokacin kowa ajiya yake, har wanzamin unguwarmu ya mayar da shagonsa sito. Na ce ban yarda ba, domin littattafan da na karanta a jami'a kan durƙushewar kasuwannin duniya duk labarinsu ɗaya: kowa ya rantse farashi ba zai sauko ba, sai ya sauko. Baffa ya ce boko ya taɓa min kai. Inna ta ƙi sa hannu, sai Baffa ya sayi tasa shinkafar shi kaɗai.

Bana farashi ya faɗi warwas.

Na ce, "Baffa, bai ambaci shinkafa ba. Halin mutane ya ambata."

"To yaushe za ta tashi?"

"Su ma marubutan sai abu ya wuce suke ganewa."

Sai ya zaro takardar gonar daga aljihu. "Ungo, kai ma Innarku. Amma ke za ki riƙe ta."

Na durƙusa na karɓa da hannu biyu, ina ƙoƙarin kada murmushina ya yi yawa.

Ku fa, wane karatu ya taɓa yi muku rana a gida? Ni dai na ja masa ƙofar zaure a hankali, na tari babur sai Bakura.