Yadda Na Raka Inna Mai Nono Garwa

Ana sallame sallar asuba a masallacin layinmu na Kwarbai a birnin Zariya muka fito, ni da ita da babban ɗanta. A gidanmu suka kwana don kada motar farko ta bar mu. Muna fita ta Ƙofar Doka masu ƙosai ba su ma gama hura wuta ba. Da yawanku kun yi ta tambayata abin da ya kai ni Kamaru da tsufana, to ga yadda aka yi.

Wadda na raka Bafulatana ce, Inna muke ce mata. Fiye da shekara talatin ke nan tana kawo nono gidanmu, tun surukata na da rai. Rugarsu tana bayan dutsen Kufena, kakan mijinta ne ya kafa ta. Bara da rani suka wayi gari suka ga baƙi da igiyar awo suna kakkafa turakun siminti, wai an sayar da filin za a yanka fuloti. Turke ɗaya ya faɗa tsakiyar maƙabartarsu, inda mijinta da 'ya'yanta biyu suke kwance. Inna ba ta jira maza ba, ta je ta tumɓuke shi da hannunta. Labarin ya kai kunnen wata ƙungiyar makiyaya, suka gayyace ta wani taro a Garwa na al'ummomin da ake kora daga ƙasar kakanninsu. Ta ce ba inda za ta sai da Malama mai Turanci, wato ni. Na yi ritaya daga koyarwa, maigida ya amince, na shirya ina jin kaina jagorar tafiya.

Tun a wajen neman fasfo na fara ganin abin da ban sani ba. Ni da na nemi takardar shaidar 'yar asalin gari, sunan gidanmu kawai aka ji aka buga hatimi. Ita kuwa sai aka ce ta koma garin ubanta ta karɓo. Ta ce ubanta a gindin dutsen nan aka yanke masa cibiya, ina kuma za ta koma? Sai da dagaci ya taka da ƙafarsa ya shaide ta, bayan mun yi ta zirga-zirga har takalmina ya tsinke.

Motar Jos muka shiga. Hanyar Pambeguwa ramukanta sun fi kwaltarta yawa, direban kuma yana kauce musu kamar mai rawa. A Saminaka muka sayi gasasshiyar masara, wadda kuɗinta ya sa na tambayi mai sayarwar ko da nama a ciki. Da muka hau tudun Jos sanyi ya kama ni, na ƙudundune cikin mayafi biyu, Inna tana ta yi mini dariya, wai mutanen birni ɗaki ya lalata mu. A Bauchi muka ci masa da miyar taushe, kuma gaskiya sun cancanci sunan da suka yi. Nan Inna ta kira wata mai fura ta ɗanɗana nonon da take sayarwa, ta yamutsa fuska ta raɗa mini cewa rabinsa ruwa ne da garin kuka. Duk da haka ta saya, ta kuma yi wa matar addu'a. Muka isa Gombe da magariba, muka sauka gidan wata tsohuwar ɗalibata.

Washegari muka bi ta Kaltungo zuwa Numan, muka haye Binuwai, inda masu soyayyen kifi suka yi wa motar ƙawanya. Daga nan na lura Hausa tana raguwa a bakin mutane, Fulatanci yana ƙaruwa. Kafin mu kai Yola Inna ta riga ta zama mai cinikin komai. Ita ta samo mana motar Gurin, ita ta yi jayayya da kwandasta a kan kuɗin kaya har ya sassauta. Muka haye kogin Faro a kwalekwale, ina riƙe da gefensa ina karanto duk addu'ar da na sani, ita kuwa tana hira da mai tuƙi.

A tsallake, jami'in iyaka ya karɓi fasfo ɗina ya yi mini tambaya da Faransanci. Na gyara tsayuwa na amsa da Turancin da na koyar shekara talatin da biyar. Ya dube ni, na dube shi. Sai Inna ta matso ta gaishe shi da Fulatanci, nan da nan fuskarsa ta saki, ya miƙe ya ba ta kujerarsa. Suka yi magana suka yi dariya, ya buga mana hatimi. Da muka fito na tambayi ɗanta me ta ce.

"Ta ce ke 'yarta ce, malama ce babba, amma a yi miki haƙuri ba ki jin magana."

Garwa gari ne mai zafi, ya fi Zariya nesa ba kusa ba. Burodinsu dogo ne kamar sanda, ɓawonsa na iya fasa dasashi, amma da shayi ba ya da na biyu. Kifi a gashe suke cinsa da yaji, miyar yakuwa kuma kusan kowane gida. Naira kuwa da aka canza mana ita zuwa sefa, damin da na ɗauko ya koma 'yan takardun da suka shige lalitata ba tare da ta kumbura ba.

A zauren wani otal aka yi taron, kwana uku. Ban taɓa ganin mutane iri-iri haka a ɗaki ɗaya ba sai a aikin Hajji. Akwai mutanen kurmi daga kudancin Kamaru waɗanda masu yankan katako suka cinye musu daji. Akwai dogayen makiyaya daga gabashin Afirka da jajayen mayafai, an kore su don a yi wa baƙi wurin kallon namun daji. Akwai masunta, akwai wakilan gwamnatoci cikin kwat. Kowa aka ba shi abin sawa a kunne, tafinta na juya magana.

Ranar farko wata lauya ta yi bayanin cewa ƙasashen duniya sun daɗe da fitar da wata takarda a kan irin waɗannan al'ummomi. A ciki an ce ba a tayar da mutane daga ƙasar da suka gada sai an sanar da su tun da wuri, an nemi yardarsu, ba da tilas ba. Na ji daɗi har na fara rubutawa. Sai ta ƙara da cewa ba kowace ƙasa ta ɗaga hannu ba, tamu ma tana cikin waɗanda suka yi shiru, kuma takardar ba ta da ɗan sanda. Na ajiye biro. Bayanta wani wakilin gwamnati ya tashi ya ce a Afirka kowa ɗan asali ne, don haka ba wanda ke bukatar wani haƙƙi na daban. Ba zan ɓoye muku ba, da a zauren gidanmu na ji wannan magana a da, da na ce gaskiya ya faɗa.

Rana ta biyu aka kira Inna. Masu taron sun riga sun ba ni jawabi a rubuce da Turanci, wai in karanta a madadinta cikin minti biyar. Na miƙe da takardar, ta dafa hannuna.

"Malama, zauna. Wanda ya rubuta wannan bai san inda na binne yarana ba."

Ta yi magana da Fulatanci, wani ya juya zuwa Faransanci, wata ta juya zuwa Turanci a kunnena. Ta haka na ji labarin matar da nake gani kullum a tsakar gidana. Ta faɗi sunan rijiyarsu da wanda ya haƙa ta, ta faɗi burtalin da shanunsu ke bi zuwa rafi, ta lissafa waɗanda ke kwance a maƙabartar ɗaya bayan ɗaya. Sannan ta juya wajen wakilin nan ta ce, "Ɗana, na ji ka ce duk ɗaya muke. To me ya sa turken bai faɗa kan kabarin mahaifinka ba?" Mutumin ya cire tabarau ya ce ba shi da hurumin magana a kan wata ƙasa. Inna ta ce ta gode, ta zauna.

Abin da ya fi amfanar mu a wajen cin abinci ya zo. Wata mata daga mutanen kurmi, gajeruwa mai fara'a, ta zo ta kama hannun Inna ta shimfiɗa mana wata taswira a kan tebur. Ta ce su ma an sha ce musu ba su da shaida. Sai suka ɗauki waya suka zaga dajinsu da ƙafa, duk kabari, duk rafi, duk bishiyar magani suka sa mata alama, dattawa suka dangwala hannu. Da suka kai wa hukuma, ba a ba su duka ba, amma an daina cewa wurin ba kowa. Ɗan Inna ya zauna da mijin matar har la'asar yana koyon yadda ake yi. Lauyar nan ma ta yi alkawarin rubuto wasiƙa, ta kuma cika.

Hanyar da muka bi ita muka biyo, kwana biyu. Da na hango ganuwar Zariya da yamma sai da na yi hamdala a bayyane. Bayan kwana uku na hau babur na tafi bayan Kufena. Abin kunya ne, amma karo na farko ke nan da na taka rugar. Muka wuni muna zagaye a rana, dattawa na nunawa, ɗan Inna na sa alama a waya, ni ina rubuta sunaye. Wani mai shagon kwamfuta a Kusfa ya buga mana taswirar a babbar takarda, muka haɗa da wasiƙar muka kai gaban hakimi. Ya daɗe yana dubawa, ya sa aka kira wanda ya sayar da filin. A zaman farko aka ce a cire turaku daga maƙabarta da rijiya da burtali, a kuma dakatar da awo. Sauran filin ana kan magana.

Abin da na koyo shi ne, takardar da manyan duniya suka rubuta ba za ta taso da kanta ta zo bayan Kufena ba, sai an je an ɗauko ta an haɗa da shaidar gida. Na kuma koyi cewa mu da muke alfahari da zama 'yan cikin ganuwa muna da maƙwabtan da suka daɗe a ƙasar nan kamar mu, sai dai sunansu bai shiga littafin kowa ba. Yanzu ya shiga, da rubutun hannuna, gida goma sha ɗaya.

Ranar Litinin za a sake zama a gaban hakimi. Matan rugar sun ce ranar ba mai shigowa birni da ƙwaryar nono, dukansu can za su, ni ma da su za ni. Saboda haka mutanen Kwarbai, kowa ya dama kokonsa.