Ni Na Faɗa wa 'Yan Sanda Sunansa

Edita, lokacin da abin nan ya same ni ina da shekara arba'in da bakwai, muna zaune a ƙasar waje, muna haya a wani bene a wata unguwa da ake kira Setapak. Matata gwamnati ta turo karatun digiri na uku, ni kuwa a aji biyu na sakandare na tsaya, biyo ta kawai na yi da 'yarmu. Mijin Dokta ake ce mini, har a gabana. Sana'ata tuwo da miyar kuka, ɗalibai su zo in ƙulle musu su tafi da shi.

Da korona ta sa aka rufe gari, maƙwabcinmu, wani ɗalibi ɗan Arewa da kowa ke kira Malam, ya ce intanet ɗinsa ta yanke, ga karatu duk ya koma kwamfuta. Tamu da fasfona aka yi mata rajista. Na yagi kwalin shayi na rubuta masa lambar sirrin. Wallahi har daɗi na ji, wai yau mai ilimi ya nemi abu a wurina. Wannan jin daɗin shi ne kuskurena.

Bayan wata bakwai, da safe ina tuƙa tuwo, 'yan sanda suka shigo da takunkumi a fuska, suka kwashe wayoyinmu da kwamfutar matata. A ofishinsu wata jami'a ta gaya mini 'yan sandan wata ƙasar Turai ne suka bi sawun masu rarraba hotunan cin zarafin ƙananan yara, sawun ya ƙare a layin gidana. Ta ce wasu yaran ba su kai 'yata ba. Na yi amai a kwandon shararsu. Da ta tambayi wa kuma ke da lambar, na faɗi sunansa ko yawu ban haɗiye ba. Kwana tara na yi a tsare kafin su wanke ni, su samu komai a kwamfutarsa.

Na fito ina zaton za a zo mini jaje. Sai ga manyanmu 'yan Arewa su uku, duk masu digiri, a kan tabarmata. Babbansu ya fara da kirana Alhaji, ranar kaɗai na taɓa zama Alhaji a bakinsa. Wai in an kira ni kotu in ce ban tuna wa na ba ba, ai masu sayen abinci da yawa ke shigowa. Wai rufin asiri ibada ne, sunan 'yan Arewa zai ɓaci, a daina ba mu haya. Na tambaye shi su yaran nan wa ya rufa musu nasu asirin. Ya ce illar rashin karatu ke nan. Na nuna masa inda ya ajiye takalminsa.

Na je kotu na faɗi abin da na sani, aka ɗaure shi. Tun daga nan ɗalibai suka koma cin abinci a shagunan 'yan gari da ake kira mamak, tuwona yana kwana a tukunya. Da aka janye dokar tazara a masallaci, kowa ya haɗa kafaɗa da na kusa da shi, ni kaɗai aka bar wa giɓi dama da hagu.

Nadamata ɗaya ce, kwalin shayin nan. Bakina kuwa, gobe ma aka tambaye ni zan sake buɗe shi. Duk abin da ke da sunanka kada ka ba mutum don gemunsa ko digirinsa, kuma kada ka bari a kira maka shiru a kan yara da sunan zumunci. Giɓin nan na masallaci su riƙe abinsu. Ni dai in 'yata ta kalle ni, ba na sunkuyar da kai.